Tarawa da Ɗebewar Lambobi Masu Ɗoriya: Daga Kasuwa Zuwa Rabon Gado

Gabatarwa

Akwai wani darasi na lissafi wanda ake koyar da shi tun daga makarantar firamare, amma kuma yakan bi mutum har ofis yana ba shi wahala. Darasin shi ne yadda ake tara lambobi irin su biyu da rabi da uku da sulusi biyu, ko yadda ake ɗebe ɗaya daga cikin ɗaya. Ɗalibai da yawa sukan haddace ƙa'idar don cin jarrabawa, su manta da ita bayan an tashi, saboda ba a taɓa nuna musu dalilinta ba. Illar haka ba ta tsaya a aji ba. Akawun da ke lissafa awoyin aikin ma'aikata, da jami'in da ke auna fili, da magatakardan kotun da ke rubuta rabon gado, duk suna haɗuwa da irin waɗannan lambobi, kuma kuskurensu a nan yana nufin hakkin wani ya tafi hannun wani.

Makasudin wannan lacca shi ne a nuna cewa ƙa'idar duka ta ginu ne a kan magana guda: ba a haɗa abubuwa biyu sai an auna su da ma'auni ɗaya. Za a kuma nuna cewa ɗan kasuwa da tela da malamin gado a ƙasar Hausa sun daɗe suna aiki da wannan magana, kowanne da irin nasa harshen.

Ma'anar kalmomi

Juzu'i shi ne yanki na abu guda wanda aka raba kashi-kashi daidai wa daida. Ana rubuta shi da lambobi biyu da layi a tsakaninsu. Lambar ƙasa tana faɗin kashi nawa aka raba abin, lambar sama kuwa tana faɗin kashi nawa aka ɗauka. A cikin 3/4, an raba abu kashi huɗu an ɗauki uku. Watau lambar ƙasa suna ce ta ma'auni, lambar sama kuma ƙidaya ce. Wanda ya ce 3/4 kamar ya ce "rubu'i uku" ne, yadda ake cewa mudu uku ko tiya uku.

Hausa tana da sunayen waɗannan ma'aunai. Akwai rabi, sa'an nan waɗanda aka aro daga Larabci: sulusi (1/3), rubu'i (1/4), humusi (1/5), sudusi (1/6), subu'i (1/7), sumuni (1/8), tusu'i (1/9) da ushiri (1/10). Sun shigo ne ta hanyar karatun fikihu, inda ake maganar ushiri a zakkar amfanin gonar da ruwan sama ya shayar, da rubu'in ushiri, watau 1/40, a zakkar kuɗi.

Lamba mai ɗoriya kuwa ita ce cikakkiyar lamba wadda aka ɗora mata juzu'i, kamar 2 da 1/2, ko 3 da 2/3. Ya kamata a lura da kalmar "da" da ke tsakani, domin ita kanta alamar tarawa ce. Biyu da rabi ma'anarsa biyu a tara da rabi. Saboda haka duk lamba mai ɗoriya tana da sassa biyu, kuma ana iya yin aiki da kowane sashe daban.

Kuskuren da ya fi yawa

A ɗauki misalin tela wanda yake buƙatar yadi 2 da 1/2 na wani ɗinki, da yadi 3 da 2/3 na wani. Yadi nawa zai yanko? Tara cikakkun lambobin ba shi da wuya, 2 da 3 sun ba da 5. Matsalar tana wajen rabi da sulusi biyu. Abin da ɗalibi yakan yi cikin gaggawa shi ne ya tara sama da sama, ƙasa da ƙasa, ya sami 3/5, ya ce amsa ita ce 5 da 3/5.

Ana iya gane ɓacin wannan hanya ba tare da alƙalami ba. Sulusi biyu shi kaɗai ya fi 3/5 yawa, to yaya za a ƙara masa rabi kuma ya ragu? In aka bi wannan hanya wajen tara rabi da rabi, za a sami 2/4, watau rabi, alhali kuwa kowane yaro ya san rabin ƙosai biyu ƙosai guda ne. Asalin kuskuren shi ne an ɗauki lambar ƙasa a matsayin ƙidaya, aka tara ta, bayan ita suna ce. Wanda ya haɗa mudu ɗaya da tiya biyu ba zai ce yana da uku ba, sai an tambaye shi uku na me.

Telan da ya san aikinsa ba ya faɗawa wannan rami, domin tef ɗinsa ya riga ya warware masa. Yadi inci 36 ne. Rabinsa inci 18, sulusinsa biyu inci 24. In aka haɗa an sami inci 42, watau yadi ɗaya da inci 6. Jimla ke nan yadi 6 da inci 6, kuma inci 6 shi ne sudusin yadi. Abin da telan ya yi shi ne ya mai da rabi da sulusi zuwa ƙaramin ma'auni wanda yake auna su duka biyu ba tare da saura ba.

Neman ma'auni ɗaya

Wannan dabara ta tela ita ce ƙa'idar littafi. Ana neman lambar da duka lambobin ƙasa suke shiga cikinta ba saura. Ga 2 da 3, mafi ƙanƙantar irin wannan lamba ita ce 6. Sai a mai da kowane juzu'i zuwa sudusi: rabi sudusi uku ne (3/6), sulusi biyu kuma sudusi huɗu ne (4/6). Dalilin da ya sa hakan ya halatta shi ne, in an ninka sama da ƙasa da lamba ɗaya, girman juzu'in ba ya sakewa. An dai ƙara yawan yanka ne, abin da ke hannu yana nan yadda yake. Yanzu tunda suna ya zama ɗaya, sai a tara ƙidaya kawai: sudusi uku da sudusi huɗu sun zama sudusi bakwai, 7/6. Sudusi shida abu guda ne cikakke, saboda haka 7/6 daidai yake da 1 da 1/6. A kai wannan ɗaya cikin biyar ɗin farko, amsa ta zama 6 da 1/6, daidai da abin da tef ya nuna.

Matakan tarawa ke nan guda huɗu. A tara cikakkun lambobi. A nemi ma'auni ɗaya a mai da juzu'ai zuwa gare shi. A tara lambobin sama, a bar ta ƙasa yadda take. In abin da ya fito ya kai ɗaya ko ya wuce, a fitar da cikakken a kai shi wurin 'yan'uwansa.

Tsohon kuɗin Nijeriya, wanda aka yi amfani da shi kafin ranar 1 ga Janairu 1973, makaranta ce babba ta wannan lissafi. Sule kwabo 12 ne, fam kuma sule 20. Taro, watau kwabo 3, rubu'in sule ne. Sisi rabinsa ne. Nai, kwabo 9, rubu'i uku ne. A ɗauki 4 da 3/4 a tara da 2 da 5/6. A littafi za a ce 4 da 6 suna haɗuwa a 12, sai 3/4 ya zama 9/12, 5/6 ya zama 10/12, jimlarsu 19/12, watau 1 da 7/12, amsa 7 da 7/12. Mai tebur na wancan zamani zai ce sule huɗu da nai, da sule biyu da kwabo goma: kwabo 19 sule ne da kwabo bakwai, duka sule bakwai da kwabo bakwai. Lissafin ɗaya ne. Lamba 12 ta dace da ciniki saboda 2 da 3 da 4 da 6 duk suna raba ta, alhali 10 ba ta rabuwa sai da 2 da 5.

Hanyar malaman gado

Tambayar da ta rage ita ce yadda za a sami wannan ma'auni ɗaya cikin sauƙi. Malaman fara'ili, watau ilmin rabon gado, sun tsara amsar tun ƙarnuka da suka wuce. Suna kiran lambar da ake nema asalin mas'ala, kuma sun ce duk lambobi biyu ba sa wuce ɗaya daga cikin halaye huɗu.

Na farko tamasuli, inda lambobin biyu iri ɗaya ne, kamar 6 da 6. Sai a ɗauki ɗaya. Na biyu tadahuli, inda ƙaramar take shiga cikin babbar ba saura, kamar 2 da 6, ko 4 da 8. Sai a ɗauki babbar. Na uku tawafuƙi, inda babu wadda take shiga cikin 'yar'uwarta amma akwai wata lamba da take raba su duka, kamar 4 da 6, waɗanda 2 take rabawa. Sai a raba ɗaya da wannan lamba a ninka da ɗayar, watau 2 sau 6, a sami 12. Haka 6 da 8 suke ba da 24. Na huɗu tabayuni, inda babu lambar da ta haɗa su in ban da ɗaya, kamar 3 da 4, ko 3 da 8. Sai a ninka su kai tsaye, a sami 12 ko 24.

In lambobin sun wuce biyu, sai a haɗa biyun farko, a ɗauki abin da ya fito a gwada shi da ta uku. Ninka lambobin ƙasa kai tsaye yana ba da ma'auni mai aiki a kowane hali, sai dai yakan yi girma ba dalili. Ga 6 da 8 zai ba da 48 maimakon 24, sa'an nan a dawo ana rage amsa a ƙarshe.

Ɗebewa da sha'anin aro

Ɗebewa tana bin tafarkin tarawa muddin juzu'in farko ya fi na biyu. A ɗebe 3 da 3/8 daga 7 da 5/6. Ma'auninsu 24 ne: 5/6 ya zama 20/24, 3/8 ya zama 9/24. Bakwai a ɗebe uku saura 4, ashirin a ɗebe tara saura 11, amsa 4 da 11/24.

Wahala tana zuwa ne in juzu'in da za a ɗebe ya fi girma. A ce an ware wa wani aiki awa 8 da 1/4, an riga an yi awa 3 da 5/6, ana son a san abin da ya rage. Ma'aunin 4 da 6 shi ne 12, saboda haka lissafin ya koma 8 da 3/12 a ɗebe 3 da 10/12. Ba za a iya fitar da goma daga cikin uku ba, dole a yi aro. Sai a ɗauki ɗaya daga cikin takwas, ya rage bakwai, a canza wannan ɗaya zuwa 12/12, a haɗa da 3/12 da ke nan, ya zama 15/12. Yanzu 7 da 15/12 a ɗebe 3 da 10/12 ya bar 4 da 5/12.

Agogo yana tabbatar da wannan. Awa 8 da minti 15, a ɗebe awa 3 da minti 50: a canza awa ɗaya zuwa minti 60, a sami awa 7 da minti 75, a ɗebe, saura awa 4 da minti 25. Minti 25 kuwa shi ne 5/12 na awa.

Kurakurai biyu ne suka shahara a nan. Wani yakan aro goma, saboda hannunsa ya saba da lissafin cikakkun lambobi, ya rubuta 13/12 maimakon 15/12, sai amsarsa ta gaza da minti goma. Abin da ake arowa abu guda ne cikakke, kuma yawan kashin da ke cikinsa lambar ƙasa ce take faɗinsa. Wani kuma yakan juya lissafin, ya ɗebe 3 daga 10 tunda ta haka ya fi sauƙi, ya sami 5 da 7/12, wanda ya zarce gaskiya da awa ɗaya da minti goma.

Akwai wasu hanyoyi biyu ga wanda aro yake rikitarwa. Ta farko ita ce a narkar da cikakkun lambobin duka su zama juzu'i: 8 da 1/4 rubu'i 33 ne, watau 99/12, 3 da 5/6 sudusi 23 ne, watau 46/12. In an ɗebe saura 53/12, kuma 12 tana shiga 53 sau huɗu da ragowar 5. Wannan hanya ba ta kuskure, sai dai lambobinta sukan yi nauyi. Ta biyu ita ce ta mai ba da canji a kasuwa, wanda yake ƙirgawa daga kuɗin kaya ya hau zuwa abin da aka miƙa masa. Daga 3 da 5/6 zuwa 4 akwai sudusi ɗaya. Daga 4 zuwa 8 akwai 4. Sa'an nan ga rubu'in da ke kai. Sudusi da rubu'i sun ba da 2/12 da 3/12, watau 5/12. Amsa dai ita ce 4 da 5/12. Harshen Hausa ya saba da wannan tunani, domin ana cewa ashirin ba biyu, ana kuma cewa ƙarfe huɗu saura minti goma.

Inda lissafin ya zama hakki

Rabe-raben gado da aka ƙayyade a cikin Suratun Nisa'i guda shida ne: rabi, rubu'i, sumuni, sulusi biyu, sulusi da sudusi. Tunda lambobin ƙasansu 2, 3, 4, 6 da 8 ne, asalin mas'ala yana fitowa ne daga lambobi bakwai: 2, 3, 4, 6, 8, 12 da 24.

A ce mutum ya rasu ya bar mata da mahaifiya da ɗa namiji guda, abin da ya rage bayan biyan bashi da wasiyya kuma gona ce mai eka 10. Matar tana da sumuni, watau eka 1 da 1/4. Mahaifiyar tana da sudusi, watau eka 1 da 2/3. Ɗan yana ɗaukar abin da ya saura. A tara na farko da na biyu: 3/12 da 8/12 sun ba da 11/12, jimla eka 2 da 11/12. Sai a ɗebe wannan daga 10, wadda ba ta da ɗoriya ko kaɗan. A yi aro ta zama 9 da 12/12, saura eka 7 da 1/12. Wannan shi ne rabon ɗan.

Misali na biyu ya fi wannan nauyi. Mace ta rasu ba ta bar ɗa ko iyaye ba, ta bar miji da 'yan'uwa mata biyu shaƙiƙai. Mijin yana da rabi, 'yan'uwan suna da sulusi biyu. Wannan shi ne lissafin telan da aka fara da shi, kuma an ga amsarsa 7/6 ce, watau 1 da 1/6. Rabe-raben sun fi dukiyar yawa. In dukiyar naira 4,200,000 ce, rabinta 2,100,000 ne, sulusinta biyu 2,800,000, jimlarsu 4,900,000. Maganin da aka ɗauka tun zamanin Halifa Umar, wanda ya yi mulki daga 634 zuwa 644, shi ne auli: a ɗaga asalin mas'ala daga 6 zuwa 7, domin ragin ya shafi kowa gwargwadon rabonsa. Mijin ya sami 3/7, watau 1,800,000, 'yan'uwan su sami 4/7, kowacce 1,200,000. An ruwaito cewa Ibn Abbas ya saɓa wa wannan ra'ayi, amma a kansa mazhabobin nan huɗu suka tafi. Wanda ya tara sama da sama, ƙasa da ƙasa, ya sami 3/5, zai zaci humusi biyu na dukiyar sun yi saura, ya shiga neman wanda zai ba, alhali ma dukiyar ba ta kai ba.

Taƙaitaccen tarihi

Wannan lissafi ya girme kowace makaranta da ake da ita yau. Wani magatakarda na tsohuwar Masar mai suna Ahmes ya kwafe wata takardar lissafi wajen shekara 1550 kafin haihuwar Annabi Isa, wadda take ajiye a gidan tarihi na Biritaniya da ke Landan. Misirawan suna rubuta juzu'i ne a matsayin jimlar juzu'ai masu ɗaya a sama, in ban da sulusi biyu da yake da alamarsa. 2/5 a wurinsu 1/3 ne da 1/15. Mutanen Babila sun ɗauki 60 a matsayin ma'auninsu, kuma daga gare su aka gaji minti 60 a cikin awa. A Indiya, Brahmagupta ya rubuta ƙa'idojin juzu'i a shekarar 628, ana ɗora lamba a kan lamba ba layi. Al-Khawarizmi ya rubuta littafinsa na aljabara a Bagadaza wajen shekarar 820, kuma babban sashe na littafin a kan wasiyya da gado yake. Layin da ke tsakanin sama da ƙasa ya bayyana a rubutun al-Hassar, masanin Magrib na ƙarni na 12, sa'an nan Fibonacci, wanda ya koyi lissafi a Bijaya ta ƙasar Aljeriya, ya yi amfani da shi a littafinsa na 1202, ya yaɗu a Turai. Daga arewacin Afirka kuma littattafan fikihun Malikiyya irin su Risala da Muhtasar suka iso ƙasar Hausa da babukansu na gado.

Ko na'ura ta wadatar?

Ana iya cewa tunda kuɗi ya koma naira da kwabo ɗari, ga kuma na'urar lissafi a kowace waya, wannan darasi ya zama tarihi. Amsar ita ce lissafin ɗigo ba ya iya rubuta kowane juzu'i daidai. Sai juzu'in da lambar ƙasansa, bayan an rage shi, ta ginu daga 2 da 5 kaɗai yake ƙarewa: rubu'i 0.25 ne, sumuni 0.125. Sulusi kuwa 0.333 ne har abada, haka sudusi da subu'i ba su da ƙarshe. In aka yanke su aka tara, rabe-raben ba za su koma dukiyar da aka fara da ita cif ba.

Ban da haka, na'ura tana lissafa abin da aka ba ta ne kawai. Akawun da ya buga 8.15 yana nufin awa takwas da minti 15, ya ɗebe 3.50, zai ga 4.65, lambar da ba ta dace da awa 4 da minti 25 ta kowace fuska ba. Awa takwas da kwata 8.25 ne, domin awa ba minti ɗari ba ce.

Kammalawa

Abin da ya kamata ɗalibi da ma'aikaci su riƙe bai wuce abubuwa uku ba. Kafin a taɓa alƙalami a yi kirdado: 8 da 1/4 a ɗebe abin da ya kusa 4 dole ya faɗa tsakanin 4 da 5, saboda haka duk amsar da ta kai 5 a san ta ɓaci. Sa'an nan a nemi ma'auni ɗaya ta hanyar halayen nan huɗu, a tuna cewa lambar ƙasa ba a tara ta, ba a ɗebe ta. A ƙarshe a gwada amsa ta hanyar mayar da abin da aka ɗebe: 4 da 5/12 a tara da 3 da 10/12 ya ba da 7 da 15/12, watau 8 da 1/4.

Ga malaman makaranta kuma, zai fi amfani a fara wannan darasi da tef ɗin tela da fuskar agogo kafin a hau allo, a kuma nuna wa ɗalibai cewa asalin mas'alar da ake karantawa a zaure shi ne ma'aunin da ake nema a aji. Yaron da ya ga inci 42 sun zama yadi da inci shida a hannunsa, ba zai sake yarda cewa rabi da sulusi biyu sun ba da humusi uku ba.